Zanen Isyaku, Zaren Liti

A zamanin Turawa, duk mai son babbar riga ta kece raini a ƙasar Karaye, wurin Isyaku na Unguwar Hajji yake kai yadinsa. Isyaku ba ya ɗinki. Alƙalami yake tsomawa a tawada ya zana aska takwas da tambari a ƙirjin riga, sannan a kai wa amininsa Liti ya bi zanen da zaren tsamiya. Ƙa'idar sana'ar kuwa ɗaya ce: maɗinki ba ya kauce wa layin mai zane ko da ƙwayar gero.

Isyaku gwani ne, kuma ya san da haka, har ya yi wa kansa yawa. In aka yabi riga a gabansa sai ya ce, "Ai Liti bin sawu kawai yake yi." Liti ya yi murmushi ya ci gaba da zura allurarsa. Shekara talatin suna haka.

Da tsufa ya zo, idon Isyaku ya fara yana. Bai gaya wa kowa ba, don abin da yake tsoro a duniya shi ne a ce hannunsa ya mutu. Tunda riguna na fitowa tsaf, sai ya kwantar da ransa.

Da damina Liti ya kwanta, bayan kwana shida Allah ya yi masa rasuwa. Ana haka Ɗanmaliki, malamin hakimi, ya kawo yadi yana son riga kafin rangadin Di'o. Isyaku ya zana, aka kai wa Sulle, wani maɗinki a Rogo.

Riga ta dawo abin kunya. Asake sun karkace, tambari bai haɗe ba. Ɗanmaliki ya mayar da ita ko zaure bai shiga ba. Isyaku ya ɗaura wa jaki akumari sai Rogo, yana tafe yana huci.

Sulle ya gaishe shi har ƙasa, ya bar shi ya gama faɗa. Sannan ya sa tsinin allura ya warware zare kaɗan.

"Baba, duba. Ga tawadarka a ƙarƙashi. Ban kauce ba."

Isyaku ya kai rigar dab da hancinsa. Tawadar na nan daidai inda zaren ya kwanta. Ashe zanensa ne ya karkace. To rigunan bara da na bara waccan fa, yaya aka yi suka fito?

Bai koma gida ba, ya zarce gidan Liti ya yi sallama da Hannatu, matar marigayin. Daga bayan ƙofa ta amsa. Da ta ji tambayarsa sai ta miƙo wani ɗan kurtun tawada da alƙalamin kara, bakinsa duk ya cinye.

"Damina uku ke nan, Malam. In an kawo yadi sai ya wanke zanenka, ya shanya a ɗaka, ya sake zanawa irin yadda ka saba. Ya sa na rantse ba zan faɗa ba muddin yana da rai."

 Isyaku ya zauna a dakali riƙe da kurtun.

"Bai taɓa cewa komai a kaina ba?"

"Ya ce," in ji Hannatu. "Kullum ya gama sai ya ɗaga rigar ya ce, 'Kin ga hannun Isyaku? Babu irinsa har Kano.'"