Furen da ke Ƙirjin Natsue

Ƙarfe uku na yamma, ana yayyafi, Natsue ta tsaya a ƙofar gidan wankan jama'a na unguwarsu. Tun tana ƙarama take zuwa nan, amma rabonta da shi wata goma sha huɗu, tun da aka yi mata aikin sankarar mama. Allon bakin ƙofa yana nan yadda ta san shi: mai zanen tattoo a fatar jiki ba ya shiga.

Ita kuwa yanzu tana da zane. A gadon asibiti ta kalli fim ɗin wata mata da ta sa aka zana mata fure a kan tabo. Da ta warke, ita ma ta je aka yi mata. Yau ta rufe shi da filasta mai launin fata kafin ta fito.

Ta tuɓe a lungu, ta zauna kan 'yar kujera tana kwara ruwa. Ko minti biyar ba a yi ba tururi ya ɓamɓare filastar, ta faɗi ƙasa.

Tsohuwa Tokiko, wadda ba ta fashin wankan ƙarfe uku, ta ƙura ido.

"Ke Natsue, 'yan daba kika shiga ba mu da labari?"

"Goggo, ki rufa mini asiri."

Ina! Tokiko ta riga ta ƙwala wa mai gidan wankan kira. Inna Kuwabara ta shigo tana goge tabarau. Ta daɗe tana duban jajayen furannin, har ta hango tabon da ke kwance ƙarƙashinsu. Natsue ta fara tattara sabulunta.

"Zan fita, Inna."

"Ki fita ki je ina? Marigayi mijina ya kafa allon can, saboda wasu ƙartin 'yan daba masu zane a jiki da suka dambace a ɓangaren maza. Ke da wa za ki dambace?"

"Da ni mana," in ji Tokiko. "Fiye da shekara guda ko leƙe."

"Ɗauke filastar nan dai, kar ta toshe mini magudana," Inna ta faɗa, ta juya ta fita.

Natsue ta sauke ajiyar zuciya, ta kwara ruwa a fuska har sau biyu. Tun da aka yi mata aikin, hannunta na hagu har yanzu ba ya kaiwa baya. Tokiko ta jawo kujerarta, ta karɓe soson ba tare da tambaya ba, ta shiga cuɗa mata bayan, tana mitar ruwan yau bai yi zafi ba.