Jakin da Ya Riga Ni Samun Rufi

A ƙauyenmu na lardin Sharƙiyya, a ƙasar Masar, ko yaron goye ya san dokar haƙa tushen gida. In digarka ta bugi abin da ba kai ka ajiye ba, ka zuba kankare a kai, ka ja bakinka ka yi shiru. Domin ranar da hukumar kayan tarihi ta ji labari, ranar za ta kewaye filinka da waya, kai da shi sai kallo daga nesa.

Mutum ɗaya ne dokar nan ba ta shiga kansa ba, yayana Bayumi. Tun yana saurayi yake yi wa Turawa haƙa a tudun da ke bayan gari, har ya zama shugaban leburori. Abin da ya tono a rayuwarsa bai wuce fasassun tukwane ba, amma in yana tafiya sai ka rantse shi ya haifi Fir'auna.

Ni Mitwalli albasa nake nomawa. Tun da na auri Nabawiyya muke zaune gidan uwarta, Hajiya Zannuba, mu da 'ya'ya. Kullum da safe in ta miƙo mini shayi sai ta ce, "Baƙonmu, an tashi lafiya?" Furfura ta fito mini a gidan nan, ban wuce baƙo ba. Saboda haka da aka raba gado ɗan filin babanmu na bakin hanya ya faɗo hannuna, na sayi siminti da rodi, na ce kafin girbin alkama sai na kwana a ƙarƙashin rufina.

Lokacin zafi ne, Turawa sun koma ƙasarsu, Bayumi na zaman banza. Na ce ga mahaƙi kyauta, me zai kai ni ɗaukar lebura? Araha ta ja ni.

Ya zo da igiya da turaku da ɗan cokalin magina da buroshi.

Na ce, "Yaya, ina digar?"

Ya ce, "Diga ta mahaukata ce. Ƙasa a hankali ake buɗe ta."

"Tushe nake so, ba kaciya za ka yi mata ba."

Ya durƙusa ya kama aiki. Ramin da ƙato zai gama kafin azahar, Bayumi yana kankare shi kamar mai fere doya. Gefen ramin kuwa sumul, ka ce da wuƙa aka yanka. Duk tsingaron da ya fito sai ya wanke shi a bokiti, ya shimfiɗa tabarma a rana, ya jera su, na sama daban, na ƙasa daban.

Na ce, "Wa ya sa ka wannan?"

Ya ce, "Hannu ne ya saba. Ka bar ni."

Wata safiya na dawo daga gona na tarar da shi a durƙushe cikin rami yana shafa wani abu da buroshi. Na leƙa. Ƙasusuwa ne, ga dogon kai, ga haƙora, ƙafafu a lanƙwashe. Jaki ne kwance a gefensa, da wata 'yar baƙar tukunya kusa da bakinsa.

Bayumi ya ɗago kai, idonsa ya kawo ruwa. "Mitwalli, ka san mene ne wannan? Kan'aniyawan da suka zauna nan tun kafin zamanin Annabi Musa, in babban mutum ya mutu sai su yanka jakinsa su binne a ƙofar kabarin. Gashin kaina ya ƙare ina neman irinsa a tudu, ashe yana filin Baba."

"Yana filina," na ce. "Fito in zuba kankare."

"Ka bari in gama share haƙarƙarin. Gobe ka zuba. Ko sau ɗaya in gan shi cikakke."

Yayana ne, na bar shi. Na tafi nemo yashi.

Da la'asar ina dawowa na hango babur a bakin filin. Ustaz Ra'afat ne, sufeton kayan tarihi na yankinmu. Gida zai tafi, ba ruwansa da kowa, sai ya ga tsingaro jere a kan tabarma a bakin hanya. Duk ƙasar Masar ba mai wanke fasasshiyar tukunya ya shanya ta sai masu aikin haƙa. Da Bayumi ya ɗauko mai shela ma da bai kai wannan ba.

Ustaz Ra'afat mutum ne mai ƙiba da ciwon gwiwa, kuma ya san halin da nake ciki, don matarsa ƙawar Nabawiyya ce. Ya tsaya bakin rami ya daɗe yana kallon jakin. Ya ga tukunyar, na ga ya gan ta. Sai ya share gumi, ya juyo wurina yana magana a hankali kamar mai koya wa yaro karatu.

"Mitwalli, marigayi babanku ba yana da jaki ba?"

Nan take na gane. "Yana da shi, ranka ya daɗe! Wani fari. Nan ya mutu, nan muka binne shi."

"To, ka ji. Jakin babanku ne. Allah ya jiƙan tsoho. Ka rufe abinka, ni ban tsaya nan ba." Ya juya zai hau babur, har da ɗan murmushi ya ce wa yayana, "Kai kuma shugaba, tsufa ya zo. Ka zauna kana yi wa jakin babanka wanka da buroshi. Bari leburorinka su ji."

Da ya tafi bai yi wannan tsokanar ba, da yanzu ina cikin ɗakina.

Bayumi ya miƙe daga cikin rami, jijiyar wuyansa ta tashi. "Jakin wa? Ustaz, ni za ka ce ban san tsohon ƙashi da sabo ba?"

Na taka masa yatsun da ya dafa bakin ramin da su. Ko gezau.

"Dubi tsohon daɓen da ke samansa a gefen ramin nan, kafin ni ba a taɓa fasa shi ba! Babanmu ta ina ya shigar da jaki, ta ƙarƙashin ƙasa? Dubi tukunyar nan mai ɗigo-ɗigo. Babanmu ne zai binne jaki da tukunya? Mutumin da ko mu bai saya wa kofi ba?"

"Yaya, don girman Allah."

"Jakin Baba a magudanar ruwa muka jefa shi, kai ka riƙe ƙafar baya!"

Kafin ya rufe baki masu dawowa daga gona sun taru, har da limamin gari da mai gyaran taya. Ustaz Ra'afat ya dubi taron, ya dube ni, ya sauke ƙafarsa daga kan babur.

Ya ce, "Na yi iya yina, Mitwalli. Yanzu gari ya ji."

Aka kewaye filin da waya mai ƙaya, aka kafa allo. Simintina ya daskare a buhu a zauren Hajiya Zannuba, yanzu a kansa take zama tana tsince shinkafa. Hukuma ta ce za a ba ni wani fili a madadinsa, magana tana Alƙahira. Haƙar kabarin babban mutumin ma tana Alƙahira. Abin da aka samu yi kawai shi ne rumfar kwano a kan jakin, don kada ruwan sanyi ya taɓa shi. Kwano mai kyau, irin wanda na yi ta tayawa a kasuwa.

Wurin yana bukatar maigadi, sai Ustaz Ra'afat ya sa sunana don tausayi. Aikina in hana kowa haƙa ko gini a ciki. Duk garin ba wanda ya taɓa sha'awar yin gini a nan sai ni, saboda haka aikin ba wuya.

Bayumi kan zo da rana ya zauna kusa da ni a inuwar rumfar, ya buɗe burodi da wake da albasa, yana kallon ramin kamar mai kallon jikansa. Jiya ya ce, "Ka san in aka fara haƙa ni za a ba shugabanci?"

Na cinye masa albasarsa.

Yau da safe Hajiya Zannuba ta miƙo mini shayi ta ce, "Baƙonmu, za a tafi wurin maigidan? In ka je ka tambayi jakin yadda ya yi ya samu rufi."