Abin da Alhaji Ya Kwafa a Landan

Saura kwana goma sha tara Raliatou ta tsaya gaban malamai biyar a Lyon ta kare kundinta na dokta, sai ga ta a wani ɗakin karatu na Paris, ta yi tagumi gaban injin da ake duba tsofaffin jaridu a fim. Shekara huɗu ta kwashe tana bin yadda marubutan siyasa na jaridun Ingila ke fakewa da wasan ƙwallo su faɗi wane ne ɗan ƙasa, wane ne bare. 'Yan Damagaram da ke unguwar Guillotière a Lyon har tsokanarta suke, wai wadda ba ta taɓa harba balo ba za ta zama dokta a kansa. Ko a jikinta, don ta san abin da ta riƙe.

Abin da ta riƙe kuwa littafin Alhaji Zailani ne, wani dattijo Bakatsine da ya yi aikin fassara a Paris har ya yi ritaya a Montreuil, gefen birnin. Yana ɗalibi a Landan a 1949 lokacin da 'yan ƙwallon Nijeriya suka zaga Ingila, galibinsu ba takalmi. Duk sharhin da wani marubuci ya yi a kansu sai ya kwafe da hannunsa, har kwanan wata da lambar shafi, tsaf. Ranar da ya damƙa mata littafin cewa ya yi, "'Yata, harafi ɗaya ban sauya ba." To, wace ɗiyar mutunci ce za ta ji haka daga bakin sa'an kakanta, ta koma tana bincike a bayansa? Sauran jaridu duk ta tantance su ɗaya bayan ɗaya, na Alhaji kaɗai ta bari. A kansa ta gina babi na huɗu, ƙashin bayan kundin, inda ta ce marubucin nan ya karɓi baƙin a matsayin 'yan gida ɗaya da Ingilishi.

Hoton shafi ɗaya kawai ta zo ɗauka don ta ƙawata ƙarshen kundin. Kwanan wata daidai, shafi daidai, kanun labari daidai. Amma ciki, innalillahi! Inda Alhaji ya rubuta "'yan'uwanmu na ƙetaren teku", jaridar sunan dabba ta kira su da shi. Inda ya ce 'yan kallo sun miƙe don girmamawa, marubucin cewa ya yi an sha dariyar ƙafafunsu, kuma irin waɗannan mutane da sauransu kafin a yi musu zancen mulkin kai. Sharhi bakwai ta duba, biyar ba su yi daidai da littafin ba. Tsoro ne ya fara kama ta, haushi ya biyo baya.

Ta shiga metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, mai lamba tara zuwa Montreuil da takardun a jaka. Ko'ina tallar Kofin Duniya da za a fara wata mai zuwa, yara na ihun sunayen 'yan wasa, ita kuwa ji take kamar ta toshe kunne. A hanya wani tunani ya riƙa yi mata raɗa: an riga an buga kundin, an aika wa malaman, wane ne cikinsu zai baro Lyon don ya murɗa fim ɗin wata jaridar da ta mutu tuntuni? Wallahi ba ko ɗaya. In ta yi shiru kawai, ta zama dokta.

Da ta isa gidan, ta durƙusa ta gaida Alhaji, ta tambayi jiki da iyali kamar ba komai, sannan ta miƙa masa takardun.

"Idona ya yi rauni, 'yata. Karanta mini."

Ta fara da Turancinta na makaranta. Da ta iso kalmar nan, ta ɗaga kai ta ga furfurarsa da carbin da ke hannunsa, sai harshenta ya ƙi. Ta ji kanta tana cewa, "waɗannan baƙi."

"Ba haka ya ce ba," in ji Alhaji a hankali.

Kunya ta rufe ta.

Ya ce, "Na san kalmar. Don in karanta a zauren mahaifina na kwafi abin nan. Mutumin da gari duka ya yi ta zaginsa saboda ya bar ɗansa ya tafi ƙasar Nasara, in zauna gabansa da abokansa in ce ga sunan da ake kiranmu da shi a can? Na gyara. Na yi ta karanta shi shekara da shekaru har ni ma na yarda da shi."

"Baba, shekara huɗu fa," ta ce. "Katin zamana a ƙasar nan a Satumba zai ƙare."

"Na cuce ki. Gaya musu ni ne, ki sa sunana a rubuce."

Allah sarki. Ta san yadda ake sa suna a irin wannan aiki: a ƙasan shafi, cikin ƙananan haruffa, ya zauna a ɗakin karatu har bayan an binne mai shi. Ta nemi izini ta ɗauki tarhonsa, ta kira malamar da ke duba aikinta a Lyon. Da Faransanci ta yi bayani, babi na huɗu ya rushe, ba gyaran kwana goma sha tara ba ne. Matar ta ce dole a soke ranar, kuma sake haɗa malamai biyar kafin baɗi sai an yi sa'a.

"Amma wa ya ba ki waɗannan kwafe-kwafen, Raliatou?"

Alhaji ya miƙo hannu yana neman ta ba shi tarhon. Ta juya masa baya, abin da ba ta taɓa yi wa babba ba.

"Ni ce ban duba ba, Madam," ta ce. "Ki soke."