Ni Ce Motar da Ke Tahowa

Muciyata ce giya. Faifaina sitiyari, turmina da aka kife kujerar direba, sakaina uku kuma su ne kuloci da birki da totur. Haka mijina Sati ya mayar mini da tsakar gida makarantar koyon mota. In ruwan tuwo ya tafasa, sai in tsaya riƙe da ƙugu ina jiran mota ta isa tasha a ba ni muciyata.

Sati ɗan dako ne a tashar Kontagora, bayansa kuma ya fara gazawa. Direbobi sun ƙi ɗaukarsa koyo, wai ya yi gemu. In bai sami tuƙi ba, sai dai mu tattara mu koma Beri noma a ƙarƙashin yayansa, mutumin da ko gaisuwarmu ba ya amsawa. Shi ya sa ya lallaɓo Baba Filibus, tsohon direba ɗan Tungan Magajiya da yanar ido ta sauke daga mota.

Baba shi ne inji. Yana zaune a inuwa yana gurnani da baki, Sati na sauraro yana canja giya. Ni ma ban tsira ba. Sai a ce in ɗora daro a ka in taho daga zaure, wai ni ce motar da ke tahowa.

"Riƙe hagunka, Sati! Hagu!" in ji Baba.

Shekaru ina tahowa da daro, yana kauce mini ta hagu, maƙwabta na leƙe ta katanga suna dariya. Takaici kamar in fashe.

"Maigida, motar da ba ta taɓa wuce zaure ba, yaushe za ta kai mu wani wuri?"

"Ruka, ki dai taho," shi ke nan amsarsa.

Da ƙyar Alhaji Maikuɗi, mai manyan motoci, ya yarda direbansa ya gwada Sati, sau ɗaya tak. Ana cikin shiri sai gwamnati ta canja hannu, kowace mota ta koma dama. Baba ya fizge hularsa ya buga da ƙasa.

"Sai da na gama ɗinka mutum, sannan su ce in warware shi!"

Aka koma farko. Baba da kansa yakan ce hagu, ya tsine wa bakinsa, ya ce dama. Sati ya dage har ya iya. Ni da ke zaginsa kullum, sai ga ni na fara sa rai.

Ranar gwajin na dawo daga niƙa, daron gari a kaina, na biya ta hanyar Rijau don in gani da idona. Can na hango motar tafe tiryan-tiryan a hannun dama, Sati a kan sitiyari na gaske, direban Alhaji na gefensa yana gyaɗa kai. Daɗi ya kwashe ni. Ban san lokacin da na tako kan hanya ina ɗaga masa hannu ba.

Ya ɗago ya gan ni ina tahowa da daro a ka. Hannunsa bai yi shawara da shi ba, ya murɗa hagu. Motar ta tsallake hanya ta dulmiya ƙafa cikin kwalbati, fitila ta tarwatse.

Ba wanda ya ji ciwo. Direban ya sauko, ya dubi fitilar, ya dubi Sati.

"Malam, sauka. Ka koma dakonka."

Da yamma Baba bai zo ba. Sati ya tayar da turmin ya mayar inda yake, ya rataye faifan, ya share sakainar. Da ma zagina ya yi da na fi samun sauƙi. Sannan ya miƙo mini muciyar.

"Ungo, Ruka. Ki sa ta cikin kayan Beri."

Shekaru ina masifa a ba ni ita, ranar kuwa na kasa miƙa hannu.