Ƙofa ta Uku a Layin Maɗinka

Mutumin da ake kira Ja-gaba ya shekara shida yana ci da bakinsa. Kafin nan da hannunsa yake ci: shi ne mai gyara a shagon hayar kekuna na kawunsa, yana liƙe taya, yana ɗaure birki. Kawun ne ke fita da baƙi kowace safiya, ya zaga da su unguwannin birnin a kan keke, yana nuna musu inda yaƙi ya bar tabo. Ranar da shanyewar jiki ta kama Kawu ta ɗauke masa magana, sai aka rasa mai fita. Ja-gaba ya wanke baƙin mai daga hannunsa, ya ɗauki ɗan littafin da Kawu ya rubuta hanyar a ciki, ya haddace shi cikin kwana uku. Bai taɓa bin Kawu yawon ba ko sau ɗaya, kuma bai tambayi kowa komai ba. Wanda ya haddace abu yakan ɗauka ya san shi. Wannan cuta ce, sai dai ba ta sa zazzaɓi, shi ya sa mai ita ba ya neman magani.

A makon da nake ba ku labari, kansa ya kumbura har hular kwano ta yi masa kaɗan. Ofishin adana tarihi ya yanke shawarar kafa allunan ƙarfe a wuraren da abubuwa suka faru lokacin yaƙi. Ɗaya daga ciki za a kafa shi a ƙofar mutumin da ya tona asirin maƙwabtansa ga sojoji. Da suka nemi wanda zai nuna musu ƙofar, Ja-gaba aka kira. Ya nuna, ya sa hannu a takarda. Ranar Litinin za a ɗaura allon, da sunansa a ƙasa a matsayin mai shaida.

Ranar Asabar da safe baƙi goma sha ɗaya suka taru a bakin shago. Auta, ƙanwar matarsa, ita ke bin bayan ayari don kada wani ya ɓace. Tana raba huluna tana tsokanarsa.

"Yaya, in an kafa allon nan, za mu riƙa gaishe ka da durƙuso ne, ko daga nesa ya isa?"

"Ke dai duba iskar tayoyi. Bakinki ya fi famfonki aiki."

"Ai a gidanku na koya."

Suna shirin tashi sai ga wata tsohuwa ta ɓullo daga kwana tana tura kekenta. Baƙin keke ne, irin na dā mai nauyi, ba ƙararrawa, ba kwando. Ita kanta siririya ce kamar sanda, ta kusa saba'in. Ta ce za ta bi su.

"Iya, tafiyar awa uku ce fa," in ji Ja-gaba. "Akwai hawa."

"Na san hawan," ta ce.

Auta ta miƙa mata hula, ta girgiza kai. Aka kama hanya.

Tsayawar farko a tsohuwar makaranta ce, wadda sojoji suka mai da kurkuku. Ja-gaba ya sauke ƙafa ɗaya ƙasa, ya ɗaga 'yar lasifikarsa, ya nuna tagogin da har yau ƙarafa ke jikinsu. Kowa ya ɗaga kai yana kallon tagogi. Wani baƙo mai ƙatuwar kyamara a wuya ya tsuguna yana neman kusurwa. Tsohuwar kaɗai ba ta dubi ginin ba. Bakin Ja-gaba take kallo, kamar mai jiran ya gama ta karɓi wani abu.

A bangon gidan burodi, inda harsasai suka bar ramuka daidai ƙirjin mutum, ya ce mutum bakwai aka jera a nan.

"Tara," in ji tsohuwar, ba tare da ta ɗaga murya ba.

"Bakwai aka rubuta, Iya."

"Biyu gajeru ne. Duba ƙasa."

Ya duba. Ƙasa da sauran, daidai cinyarsa, akwai wasu ramuka da ya shekara shida yana jingina kekensa a kansu. Ya yi tari, ya ce lokaci na tafiya.

Da suka hau gada Auta ta taka ta iso gefensa. Wasan ya fita daga muryarta.

"Yaya, wannan Iyar fa? Kekenta ba ya ƙara. Ko ƙis. Sau uku ina waiwayawa in ga ko ta faɗi, sai in gan ta a kafaɗata. Kuma ba ta haki."

"Mai ta sa wa sarƙa, shi ke nan. Koma bayanki."

Ya faɗi haka ne don ya ji kansa ya faɗa. Shi ma tun daga makaranta yake jin idonta a ƙeyarsa.

Rana ta take tsaka lokacin da suka kai layin maɗinka, wanda shi ne ƙarshen yawon, kuma shi baƙi suka fi so. Siririn layi ne, gidaje a manne da juna, ƙofofi duk iri ɗaya. Babu lamba a ko ɗaya. Lokacin yaƙi mutanen layin suka ɓamɓare lambobin gidajensu don sojoji su rasa gidan da suke nema, kuma ba a sake mayarwa ba. Saboda haka a littafin Kawu ba lamba aka rubuta ba. An rubuta: in ka shiga, ƙofa ta uku, hannun dama.

Kullum layin nan da hayaniya: ƙarar keken ɗinki, rediyo, mata suna magana daga taga zuwa taga. Ran nan ma haka suka same shi. Amma da mutanen suka hango tsohuwar a cikin ayari, sai wata mata ta janye tabarmarta ta shige. Rediyo ya mutu. Kekunan ɗinki suka tsaya ɗaya bayan ɗaya, tun daga bakin layi har ƙarshensa, kamar ana hure fitilu. Ba ka jin komai sai tayoyi a kan dutse.

Ja-gaba ya ƙirga kamar kullum, ɗaya, biyu, uku, ya ja birki. Ƙofar koriya ce da ta koɗe. Gindinta ya yi baƙi da sawun takalma, domin baƙi da yawa sukan shure ta bayan sun ji labarin, wasu su tofa yawu. Bai taɓa hana su ba. A tsakiyarta akwai ɗigo huɗu na alli, inda ma'aikata suka auna wurin kusoshin allo.

Ya ɗaga lasifika.

"Ku dubi ƙofar nan da kyau. Mutum goma sha ɗaya suka ɓuya a layin nan…"

Wata murya tana tafiya tare da tasa. Ba maimaitawa take ba, tare suke faɗa, kalma da kalma, numfashi da numfashi.

"…a ƙarƙashin matakala, wata huɗu. Mai gidan nan ne ya kai sunayensu. Ya ci abinci da su da rana, ya sayar da su da yamma."

Ya yi shiru a inda ya saba yin shiru don maganar ta shiga jikin mutane. Ita ma ta yi shiru daidai nan. Sannan, da ya kasa ci gaba, ta ƙarasa masa, har da ɗan murmushin da yake yi:

"Kada ku taɓa ƙofar, jama'a. Cin amana kamar ƙazuwa yake, yana yaɗuwa."

Wannan ba ya cikin littafin Kawu. Shi ya ƙirƙira, don a yi dariya. Ba wanda ya yi dariya.

Tsohuwar ta sauka, ta jingina kekenta a bango, ta zaro makulli daga zaren da ke wuyanta, ta buɗe ƙofar.

"Ku shigo," ta ce. "Kai ma, ɗan nan. Kai ne kan gaba."

Ciki akwai sanyi da warin tsohon yadi. Ɗaki ɗaya ne, da teburin yanka, da keken ɗinki a lulluɓe, da kujera a jikin taga. Hannuwan kujerar sun sha riƙo har sun yi sheƙi. Daga nan ana ganin daidai inda yake sauke ƙafarsa kowace rana, taku biyu kacal, labule ne kawai a tsakani. Ta wuce zuwa gindin matakala, ta ja wani katako. Ya buɗe. Rami ne mai duhu, ba zai kai tsayin mutum ba. Wani sanyi dabam ya fito daga ciki. A jikin bangon an ja layuka da gawayi, bi da bi, har suka cika shi.

"A nan suka zauna," ta ce. "Ni ke kai musu ruwa, domin ni kaɗai ke shiga ba tare da na sunkuya ba. Shekarata bakwai. Ubana ne ya haƙa ramin. Da sojoji suka zo, da shi suka tafi, shi ne na goma sha biyu."

Ja-gaba ya ce, "Iya, an rubuta… ƙofa ta uku, hannun dama."

"Kawunka ta ina yake shigowa?"

Bai sani ba.

"Ta wajen tankin ruwa yake shigowa, can ɗaya bakin. Shekara ashirin ina hango shi daga nesa. Bai taɓa tsayawa a nan ba, sai dai ya ɗaga mini hannu in zai fita."

Sai abin ya faɗo masa gaba ɗaya. A watan da Kawu ya kwanta ne aka kafa alamar kibiya a bakin layin, aka mai da shi hanya ɗaya, aka hana shiga ta wajen tanki. Shi kuwa ya bi kibiya, ya shigo ta ɗaya bakin, ya ƙirga uku a damansa. Ƙirgarsa daidai, littafin daidai. Gidan ne ba shi ba.

"Me ya hana ki faɗa mini?" Muryarsa ta fito kamar ta mai neman a raba masa laifi.

"Sau biyu na fito. Na farko ka ce, 'Iya, matsa kada keke ya buge ki.' Na biyu ka ce wa baƙinka tsufa ne, a yi mini haƙuri. Maƙwabta suka ce in bari, iska ce, za ta wuce. Na bari. Kullum in kun tafi sai in wanke ƙofa. Yawu yana wankuwa." Ta nuna waje da haɓa. "Shekaranjiya ma'aikata suka zo da awo da alli. Ƙarfe ba ya wankuwa. Ni kaɗai na rage da na ga abin da idona. In na mutu, kai da allonka za ku rage."

Mai kyamara ya matso. "Mama, to wanne ne gidan na gaskiya?"

Ba ta ko dube shi ba. Ja-gaba take kallo.

"A waje ka faɗa, da wannan abin a bakinka. Je ka gyara a waje, da shi."

Ya so ya ce zai je ofis a ɓoye, a gyara takarda, magana ta mutu. Duk mai girman kai haka yake so: ya yi ɓarna a kasuwa, ya tuba a ɗaka. Ya dubi Auta ko za ta cece shi da wani wasa. Idonta na kan layukan gawayi, tana hawaye.

Ya fita. Ya tsaya inda ya saba tsayawa. Lasifikar ta yi ƙara a layin da ba kowa.

"Jama'ar layin nan, ni ne mai kawo baƙi. Shekara shida ina cewa mai gidan nan ya ci amana. Ƙarya na yi. Shi ne ya ɓoye su, kuma tare da su aka kashe shi. Ban bincika ba, ban tambaya ba. Na sa an tofa wa ƙofarsa yawu. Allon da za a kafa, ni na nuna wurin, kuma yau zan je in janye hannuna."

Ba ƙofar da aka buɗe. Amma labulaye suka motsa, a nan da can. Ya sa tafin hannunsa ya goge ɗigon allin nan huɗu.

Tsohuwar ta shigar da kekenta. Kafin ta rufe ta ce, "Ban kira ka don ka kwashe yawun ka kai wata ƙofa ba. Ka ji ni?"

"Na ji, Iya."

Hanyar fita ɗaya ce, ta wajen tanki. Suna matsowa ya ga leɓunan baƙi suna motsi, suna ƙirgo ƙofofi daga ƙarshe. Mai kyamara ya riga ya cire murfi.

"Auta, wuce gaba ki ja su. Kada kowa ya tsaya."

Shi kuwa ya gitta kekensa a gaban ƙofa ta uku daga tanki, wadda Kawu yake nunawa, ya ba ta baya, ya buɗe kafaɗu.

"Hoto ɗaya kawai," in ji mai kyamara.

"Malam, taka kekenka."

Sai da na ƙarshe ya sha kwana sannan ya ji motsi a bayansa. Ƙofar ta buɗe kamar faɗin yatsa uku. Bai ga fuska ba, sai duhu, da farin gemu, da takalman yara a jere a bakin zaure. Sai mai gemun ya yi magana.

"Mun ji ka. Tun ranar farko mun san ba nan kake nunawa ba, muka yi shiru." Sannan ya ce, "Gobe mu ne?"

"A'a, Baba," in ji Ja-gaba. "Gobe ba kowa."

Ƙofar ta rufe a hankali. Ya ji an zura sakata, sannan wata sakatar a samanta.