Shekara Tara da Aka Ƙara wa Speranza

Ercole Tarquini maƙaryaci ne. Ya yi wa garin Roccavena ƙarya, ya yi wa ƙungiyar ƙwallonmu ƙarya, kuma ƙaryar tasa ta kai ga taɓa mutuncin matar da ta daɗe a kabari. Ba zan sakaya sunansa ba, tunda shi ma bai sakaya ƙaryar ba. Da zaren zinariya ya sa aka ɗinka ta a ƙirjin rigunan 'yan wasa.

Duk yaron da ya tashi a garin nan ya san yadda aka kafa ƙungiyar. A ƙarshen Satumbar 1922 ne, ranar da makiyaya ke gangarawa da tumaki daga kan duwatsu. Wasu samari masu wankin ulu suka taru a makiyayar da ke bayan coci suna gardamar sunan da za su sa wa ƙungiyarsu. Ana cikin haka aka zo aka gaya wa golansu, Amilcare Di Nardo, cewa matarsa Filomena ta sauka lafiya, an sami mace. Ya ce sunanta Speranza. Abokansa suka ce to gardama ta ƙare, ƙungiya ma ta sami suna. Rigar da suka fara sawa fara ce, da jan layi ɗaya a kafaɗa, irin shaidar da ake shafa wa tumaki, kuma har yau ita muke sawa. Mutanen wasu garuruwa na kiran mu tumaki. Muna amsawa.

Daga nan wata al'ada ta samo asali. Kowace shekara, a wasan gida na farko bayan ranar haihuwarta, Speranza takan shiga fili ta taɓa ƙwallon farko. Sai mai ganga ya soma bugawa daga bayan raga, jama'a su bi shi da tafi, tafi ɗaya shekara ɗaya, har a cika shekarunta, waɗanda su ne shekarun ƙungiya. Tun ubanta na ɗauke da ita a kafaɗa ake yi. An yi a shekarun yaƙi da babu wasa. An yi shekarar da girgizar ƙasa ta rushe rumfar 'yan kallo. An yi lokacin da muke kara da ƙauyuka a filin da awaki ke ratsawa, an ci gaba da yi da muka hau rukuni na uku na ƙwararru. Tun ina saurayi hannuna ke yin ja kafin a gama.

Ercole mai sayar da tayil ɗin banɗaki ne. 'Yan ƙungiya suka zaɓe shi shugaba saboda aljihunsa, ba don halinsa ba, kuma wannan shi ne kuskure na farko. Mutum ne mai shekara hamsin da takwas da ke cewa hamsin ya cika, yana rina gashinsa baƙi wuluk kamar an shafa masa man takalmi. Mutumin da ke rage wa kansa shekaru, ƙara wa wani ba zai yi masa wuya ba.

Abin da ya hana shi barci shi ne Pontalbe, garin da ke ƙasan kwari. Ƙungiyarsu ta girmi tamu da shekara takwas, a 1914 aka kafa ta, kuma suna shirin bikin cika shekara ɗari. Duk wasan da muka haɗu da su sai sun tambaye mu ko an yaye mu.

Wata safiya a bazarar 2013 Ercole ya shigo shagon shan gahawa da ke dandali, ya ajiye wani tsohon hoto a kan tebur. Wasu maza ne masu gashin baki, ɗaya na riƙe da ƙwallo.

"Ga kakanninmu nan," in ji shi. "An ɗauki wannan a 1913. Ashe mun girmi Pontalbe da shekara guda. Bana za mu yi bikin ɗari, su kuma su jira baɗi su ci sauran tukunya."

Nazzareno mai gidan burodi, wanda shi ne mai gangar bayan raga, ya ɗaga hoton kusa da hancinsa.

"Shugaba, wannan abin da ke bayansu ba teku ba ne?"

"Hazo ne."

"Hazo da jirgin ruwa a kansa? Mu da ko rafin kirki ba mu da shi?"

Aka yi dariya. Amma dariyar ba ta hana kowa komai ba. Wani ya ce a dai yi tunanin fuskar 'yan Pontalbe. Wani ya ce ai tarihi kamar taliya ne, in ya sha ruwan zafi yakan miƙe. Kafin gahawa ta huce an karɓi maganar. Na ce musu ƙarya ce, kuma sun san ƙarya ce. Suka ce, "Settimio, kai ko a ranar aurenka wa'azi ka yi." Haka jama'a take. Ƙaryar da za ta ɓata wa maƙwabci rai ta fi zuma daɗi a bakinsu.

Babu wanda ya tuna da tsohuwa Speranza, wadda muke kira Donna Speranza don girmamawa, sai da aka zo kan maganar tafi.

Ni nake zaune a hawan benen da ke ƙasan nata, kuma ni nake hawar mata da itacen murhu, saboda haka ina nan ranar da Ercole ya zo da furanni. Ya same ta tana murza taliya a kan katako, tsohuwa 'yar ƙarama, idonta kamar na shaho.

"Donna Speranza, ranki ya daɗe, albishirinki. Bana tafi ɗari za a yi miki. Magajin gari zai rataya miki lambar girma, talabijin na zuwa daga babban birni."

"Ɗari na me, ɗan Assunta?"

"Na shekaru. Kin san an gano cewa ƙungiya ta fi yadda ake zato tsufa."

"Ita ta sani. Ni casa'in da ɗaya zan cika."

"Haba, Donna. Shekara tara a bakin me take? A waɗannan shekarun naki wa zai lura?"

Ta ajiye muciyar murzawa, ta goge hannunta a zanin gabanta.

"Zo nan kusa, kunnenka ne bai da kyau ko kanka. An ɗaura auren uwata da ubana a 1921, a cocin da aka yi maka wankan baftisma kana ta tsala ihu kamar akuya. Ni da ƙungiya rana ɗaya aka haife mu, duk garin nan ya sani. In ka ce 1913, to ka ce Filomena ta haife ni shekara takwas kafin aure. Shegiya ka zo ka mai da ni, har da furanni?"

Wannan lissafin bai taɓa zo wa Ercole ba. Maƙaryaci gaban ƙaryarsa kawai yake kallo, ba ya duba wanda jelarta za ta buga.

Mutumin kirki a nan zai tsaya ya nemi gafara. Shi sai ya gyara wuyan rigarsa ya ce, "To shi ke nan, ki huta a gida bana. Dama matakalar fili ta yi miki yawa. Magajin gari zai taɓa ƙwallon."

"Kwashe furanninka," in ji ta. "Ka kai wa mai rina maka gashi, ya fi ni wahala."

Makonni suka wuce. Aka ɗinka sababbin riguna da 1913 a ƙarƙashin tambari. Aka rataya tutoci a kan titi. Jadawalin wasanni ya fito, sai ga shi wasan gida na ƙarshen Satumba da Pontalbe ne, Ercole ya ce Allah ne ya tsara. Donna Speranza ba ta kai ƙara wurin kowa ba, ba ta je wurin limamin coci ba, ba ta yi kuka ba. Ana gobe wasa ta ce in riƙe mata hannu za ta sayo burodi da kanta.

Gidan burodin cike yake. Da ta shiga hira ta mutu. Nazzareno, ƙato mai zane-zane a damatsa, ya rasa inda zai sa idonsa.

"Nonna, kakarmu, da kin aiko ai da na kawo miki."

"Ƙafata na nan. Ba ni rabin na jiya, ya fi arha." Ya naɗe mata a takarda. Ta karɓa, ta dube shi. "Kakanka ne ya fara buga wannan gangar, ko?"

"Shi ne, Nonna."

"Bai iya karatu ba, amma ya iya ƙirga. Gobe ka buga yadda ka ga dama, ɗana. Tafi casa'in da ɗaya rabona ne. Duk wanda ya biyo baya, a kumatun uwata zai sauka."

Ta juya muka fita.

Ranar Lahadi gari ya yi kyau, sama garau, duwatsu kamar an wanke su. Hayaƙin tsiren tunkiya ya cika hanyar fili. 'Yan Pontalbe sun cika ɓangarensu, sun zo da wani ƙyalle da aka zana tunkiya da gemun roba. Ercole na rumfar manya da farar kwat, kusa da magajin gari, na'urar ɗaukar hoto na kansa.

Donna Speranza ba ta zauna a gida ba. Ta sa baƙar rigarta ta coci, ta yafa tsohon gyalen ulu mai jan layi wanda ubanta ya bari, ta sayi tikiti kamar kowa. Da muka iso matakalar bayan raga, inda samari marasa kunya ke tsayawa, sai hanya ta buɗe da kanta. Biyu daga cikinsu suka ɗaga ta cak, tana zagin su, suka ajiye ta kusa da ganga.

Magajin gari ya taɓa ƙwallo, ta gangara kamar ba ta so. Mai lasifika ya ce a tashi a yi wa ƙungiya tafin shekara ɗari. Nazzareno ya ɗaga sanda.

Ganga ta faɗi, fili ya amsa. Ɗaya. Biyu. Jama'a na ƙirgawa da baki kamar kullum. Na dubi fuskokin da ke kewaye da ni, na kasa karanta su. Waɗannan mutanen ne suka rataya tutoci, su ne suka sayi sababbin riguna. A wajen hamsin tsohuwar ta kama hannuna, ta riƙe gam. Ba ta kalli Nazzareno ba ko sau ɗaya, filin take kallo, wajen ragar da ubanta ya tsare.

Tamanin da tara. Casa'in. Casa'in da ɗaya.

Nazzareno ya ɗora tafin hannunsa a kan fatar ganga.

Filin ya yi tsit, har ana jin ƙararrawar tumaki daga kan tudu. Dubban hannuwa suka tsaya a sama, babu wanda ya haɗa su. Sai tafi ɗaya ya fito daga rumfar manya. Ercole ne, idonsa a rufe don daɗi. Casa'in da biyu. Casa'in da uku. A casa'in da huɗu ya buɗe ido, ya ga duk Roccavena na kallonsa, ya ga na'urar talabijin ta juyo kansa, ya ga magajin gari ya cusa hannuwansa a aljihu.

Wani daga bayan raga ya ce, "Ci gaba, Shugaba, naka kake ƙirgawa."

Fili ya fashe da dariya. Kyaftin ɗinmu ya ɗauko ƙwallon daga tsakiya, ya ruga da ita har bakin shinge, aka miƙa ta hannu zuwa hannu har ta iso gaban tsohuwar. Ta miƙe, ta ɗage gefen rigarta kaɗan, ta sa mata baƙin takalminta. Ƙwallon ta gangara matakala ta faɗa cikin fili. Nan aka yi tafin da babu mai ƙirgawa. 'Yan wasanmu suka nemi farin filasta a wurin mai ba da magani, suka liƙe zaren zinariyar da ke ƙirjinsu kafin alƙali ya busa.

'Yan Pontalbe suka soma kiran mu ƙanne, suna tambaya ko an kawo mana madara. Donna Speranza ta ce wa Nazzareno, "Ka amsa musu. Ƙanin halak ya fi wan da aka tsinto." Bayan raga ya ɗauka da murya ɗaya, ganga na bi. Sai ga wani abin da ban taɓa gani ba. Tsofaffin Pontalbe, waɗanda suka san ta tun tana budurwa, suka cire hulunansu suka ɗaga mata. Ta ɗaga musu hannu, sannan ta ce mini, "Wancan mai sanƙon ya taɓa neman aurena. Gola ne, ko kaza ba ya iya kamawa."

Mun ci su biyu da ɗaya. Ta biyun da gwiwa aka tura ta, ƙwallo mara kyan gani, amma ta shiga. Da yamma aka jera tebura a dandali, aka fito da tsire da cuku da taliya, aka zaunar da tsohuwar a kan gaba. Ta ci sanda shida na tsire, ta yi rawa da kyaftin, ta ce yaron bai iya taka ƙafa ba sai a fili. Na gaya wa waɗanda ke kusa da ni cewa ba su cancanci wannan farin cikin ba, tunda da su aka ɗinka ƙaryar. Suka yarda, suka ƙara mini nama.

Ercole bai zo dandali ba. A taron 'yan ƙungiya na watan da ya biyo baya aka cire shi daga shugabanci, aka sa ya biya kuɗin warware zaren daga kowace riga. Shekara taran da ya ƙirƙira kuma aka mayar masa da abinsa. Ranar da ya cika hamsin da tara, Nazzareno ya aika masa da kek mai kyandir sittin da takwas. Tun daga ranar duk Roccavena haka take ƙirga shekarunsa, kuma yara na tashi su ba shi kujera a cikin bas.