Majo Basira

Malam Muntaka ya ƙi zama a kujerar da alƙali ya nuna masa.

"Ban zo hutu ba, ranka ya daɗe. Ƙara na kawo."

"Ƙarar wa?"

"Ɗiyata."

Basira tana tsaye bakin ƙofa da farar rigar aiki. Ma'aikaciyar jinya ce a asibitin Matamaye, daga can aka kira ta. Shekarunta sun kusa talatin. Habibu take so, mai gyaran injin ban ruwa a garaken rake. Yana salla, ba ya shaye-shaye. Aibinsa guda ne a wurin Malam Muntaka: ubansa mahauci ne.

Tun satin da ya wuce tsohon ya faɗa a majalisar dillalan rake cewa yana raye ba za a yi wannan aure ba. Kowa ya ji. Abokinsa Shekara har ya ce a riƙe maganar. Uban da ɗiya ta fi ƙarfinsa kuwa, ba ya sake buɗe baki a wannan majalisa.

Alƙalin yaro ne, ko furfura bai yi ba. Ya dubi Basira.

"Wani ya tilasta miki?"

"A'a, ni na zaɓa."

"To, Baba, ka yi haƙuri. Shawara taka ce, albarka ma taka ce. Amma hani ba ya hannunka. Ita majer ce."

"Ita mece ce?"

"Majer. Da Faransanci ke nan, wato..."

Malam Muntaka ya ɗaga hannu ya tsayar da shi. Ya dubi ɗiyarsa daga sama har ƙasa. Sannan ya gyara hularsa ya fita, ko sallama bai yi ba.

Kai tsaye kasuwa ya nufa. Dillalai suna zaune kan damman rake, ana loda wa wata mota mai zuwa Damagaram.

"Yaya, gwarzo?" in ji Shekara. "An ɗaure ɗan mahautan?"

"Matsa in zauna."

Shekara ya matsa.

"Kun san abin da yarinyar nan ta ɓoye mini? Majo ce."

"Majo? Shugabar asibiti?"

"Daga bakin alƙali na ji. A gaban mutane ya faɗa."

"Ikon Allah! Basira da nake saya wa alewa?"

"Ita fa. Yanzu kai Shekara, gaya mini. Wadda gwamnati ta damƙa wa asibiti, da allurai da rayukan jama'a, kai za ka zaɓa mata miji?"

"Ni? Wa ya aike ni! Gobe in kwanta ciwo ta haɗa ni da babbar allura?"

Aka kwashe da dariya. Wani ya fere rake ya miƙa wa uban majo. Ya karɓa kamar dama haƙƙinsa ne.

Da la'asar ya koma gida. Basira ta kawo masa ruwa ta durƙusa. Labari ya riga shi isowa, mata uku sun shigo yi mata barka.

"Baba, akwai kuskure. Ba majo alƙali ya ce ba. Majer ya ce, wai na girma, na mallaki hankalina. Majonmu wani ne ɗan Kance."

Ya shanye ruwan tas.

"Kurma ne ni?"

"A'a, Baba."

"Na ji shi sarai. Da can ma na san kin girma, ni na yanka ragon sunanki."

"To me ya sa ka ce..."

"In je in gaya wa Shekara wani yaro mai biro ya kayar da ni?" Ya miƙa mata kofin. "Ki ce wa Habibu ya turo manyansa Juma'a. Su zo da tufafi masu tsabta."

Ta sunkuyar da kai tana ɓoye murmushi. Har ta kai ƙofa ya kira ta.

"Ke. Ki dage da aiki su ba ki majon nan da wuri. Shekara yana fama da ƙafa, ba zai daɗe bai zo asibitinku ba."